Neman kalma: me za mu kira "transition" a maganar sojoji da mulki?

Mai Fassara: Assalamu alaikum malamai da 'yan'uwa. Ina fassara wata doguwar maƙala da za a karanta a rediyo ranar Alhamis, a kan yadda ƙasashe suke fita daga mulkin soja ko na kama-karya su nufi dimokuraɗiyya, kuma kalmar "transition" ta hana ni sakat. Da farko na sa "riƙon ƙwarya" duk inda ta fito, sai da na zo kan ƙasar Chile na ga ba ta shiga. Shugaban mulkin sojan ƙasar, Janar Pinochet, ya sha kaye a ƙuri'ar raba-gardama ta 1988, aka rantsar da Patricio Aylwin a watan Maris na 1990, amma Pinochet ya ci gaba da zama babban hafsan sojojin ƙasa har 1998. Marubucin yana kiran waɗannan shekaru duka da "transition", alhali babu wata gwamnatin riƙo a cikinsu. Na soke "riƙon ƙwarya" da jan biro a wuri tara, ga takardar a gabana, kuma har yanzu guraben babu komai. A taimaka mini.

Tsohon Edita: Wa alaikumus salam. 'Yata, ki sa "shirin miƙa mulki ga farar hula" ki huta. Haka muka riƙa rubutawa tun lokacin da Janar Murtala Muhammed ya yi alkawarin mayar da mulki, har Obasanjo ya cika alkawarin ya miƙa wa Alhaji Shehu Shagari ranar 1 ga Oktoba 1979. Kunnen mai sauraro ya saba da ita.

Malamar Tarihi: Baba, Allah ya ƙara girma, amma ina ganin abubuwa uku ne muke cusawa cikin kalma ɗaya. Miƙa mulki aikin yini guda ne, kamar na 29 ga Mayu 1999, da Janar Abdulsalami Abubakar ya sauka. Riƙon ƙwarya kuwa sunan gwamnati ne, irin ta Ernest Shonekan wadda ba ta cika wata uku ba a 1993 Abacha ya kawar da ita, kuma ita kalmar da kanta tana nuna cewa akwai mai ƙwarya, an ba wani ya riƙe masa kafin ya dawo. Abin da 'yar'uwa take nema shi ne na uku, wato tsawon lokacin da tsohon tsari bai gama mutuwa ba sabo kuma bai tsaya da ƙafafunsa ba, lokacin da ake cinikin abin da sojoji za su saki da abin da za su riƙe: kasafin kuɗinsu, kariya daga tuhuma, naɗin manyan hafsoshi. Wannan lokaci yana iya ƙarewa ba a miƙa komai ba. Shirin Babangida an fara sa masa 1990, aka ɗaga zuwa 1992, aka sake ɗagawa, ya ƙare da soke zaɓen 12 ga Yuni 1993. A Sudan an kafa majalisar haɗin gwiwa ta soja da farar hula a Agusta 2019, Janar Burhan ya rushe tsarin ranar 25 ga Oktoba 2021. Saboda haka kalmar da za mu zaɓa kada ta yi wa mai sauraro alkawarin cewa an isa. Ina ba da shawarar "zangon sauyin mulki", domin zango wuri ne da matafiyi yake saukewa a tsakanin gida da inda ya nufa, kuma ba kowane ayari ne yake tashi daga zango ya kai ba.

Hausa Zalla: Duk wannan dogon zance ne. Kalmar da ta dace ita ce "tuɓe-kaki", kuma na daɗe ina amfani da ita a rubuce-rubucena. Gajeriya ce, an gina ta kamar yadda aka gina "kama-karya" da "faɗi-tashi", kowa ya ji ya ga hoton soja yana cire kayan sarki. Ku dubi "tazarce": ba wani kwamiti ne ya zauna ya ƙirƙiro ta ba, bakin jama'a ne ya haife ta a zamanin Abacha, ta ƙetara Nijar a 2009 lokacin da Tandja ya nemi ƙarin wa'adi, har jaridun Faransanci suka ɗauke ta yadda take. Irin wannan kalma muke bukata. Kuma abin da ya fi ɓata mini rai shi ne yadda kuke ta maimaita "dimokuraɗiyya" kamar harshenmu ya rasa bakin magana. Me ya hana a ce "mulkin kowa"? Harshen da yake aron sunan tsarin mulkinsa ya riga ya amince shi bara ne.

Ɗalibin Shari'a: Malam, da girmamawa, "kaki" ɗin da ka gina kalmarka a kai ta bakin Turawa ta shigo mana, haka "soja" da "bariki", shi kuma "mulki" Larabci ne. Ita dimokuraɗiyya asalinta Girkanci ce, Larabawa sun ara, Turawan Ingila da Faransa ma aro suka yi, ba a kira su mabarata ba. Amma matsalar tuɓe-kaki ta wuce asalin kalma. Janar Ibrahim Bare Mainasara ya yi juyin mulki a Nijar a Janairun 1996, ya tsaya takara a Yulin shekarar, ya ci gaba da mulki. Rawlings ya ajiye kaki ya ci zaɓen Ghana a 1992, bai bar kujera ba sai a Janairun 2001. An tuɓe kaki, mai mulki bai sauya ba. Sannan Afirka ta Kudu, daga sakin Mandela a 1990 zuwa zaɓen 1994, da "transition" ake kiran lokacin, kuma ba kaki aka tuɓe ba.

Hausa Zalla: Yaro, ba a koya mini Hausa. Kalmar da ta kwana ta tashi a bakin Bahaushe shekara ɗari ta zama tamu, wadda ake ɗauko mana yau daga littattafan jami'a ita nake ƙi. Ku masu boko kun fi son abin da zai burge malamanku a kan abin da manomi zai gane.

Wakiliyar Rediyo: Malam, a yi haƙuri, ba wanda ya raina ka. Sai dai ni ma ina da ƙorafi: duk muhawarar nan da ma'aunin Najeriya ake yin ta. Mu a Nijar mun ga wannan zango a 1991 bayan Babban Taron Ƙasa, da Amadou Cheiffou ya zama firaminista, mun sake gani a 1999 ƙarƙashin Dauda Malam Wanke, da 2010 ƙarƙashin Salou Djibo, kuma kowane karo "mulkin riƙon ƙwarya" muka ce a rediyo jama'a suka gane. Ban ga dalilin da sai an buga wa kalma hatimi a wancan ɓangaren kafin ta zama Hausa ba.

Tsohon Edita: Hajiya, ba maganar hatimi ba ce, daidaitacciyar Hausa an daɗe da yarda da ita, kuma ku ma kuna cikin taron da aka yi a kanta.

Wakiliyar Rediyo: Rubutu aka daidaita, Baba, ba a ce ma'anar kalma sai ta fito daga gari ɗaya ba.

Malamar Tarihi: Mu dawo kan bukatar baiwar Allah, Alhamis tana matsowa. Hajiya ta yi gaskiya a kan misalan da ta kawo, domin a duka ukun akwai gwamnatin da aka kafa da wa'adi da niyyar ta shirya zaɓe ta sauka, wannan kuwa riƙon ƙwarya ne sak. Chile ce ba ta shiga ba, haka ma Sifen, inda Franco ya mutu a 1975, aka yi tsarin mulki a 1978, amma a Fabrairun 1981 Laftanar Kanar Tejero ya kutsa majalisar dokoki da bindiga a hannu ya tsare 'yan majalisa. Zaɓaɓɓiyar gwamnati ce a kan mulki a ranar, kuma ƙasar ba ta gama fita daga hatsarin ba.

Tsohon Edita: To, na ji bambancin, amma ku tuna a rediyo za a karanta. Mai sauraro yana cikin hayaniya ya ji "sauyin mulki", abin da zai shiga kunnensa "juyin mulki" ne, kuma wannan kuskure ne mai tayar da hankali. Ban da haka, "zango" yanzu ta zama wa'adin shugaba, kowa yana cewa zango na biyu.

Mai Fassara: Na gode ƙwarai, malamai. Gargaɗin Baba ya sa na cire "mulki" daga kalmar. Zan ce "zangon sauyi", a karon farko in bi ta da bayanin cewa lokaci ne tsakanin mulkin soja da kafuwar na farar hula, sannan in bar "riƙon ƙwarya" ga gwamnatin wucin gadi, "miƙa mulki" kuma ga ranar rantsarwa. Malam Hausa Zalla, akwai wuri biyu da ake maganar janar ɗin da ya koma ɗan takara, in ka yarda zan sa "tuɓe-kaki" a nan.

Hausa Zalla: Ki sa, amma ba don wannan ƙaramin gurbi na ƙirƙire ta ba, kuma ni a rubutuna ba zan ce zangon sauyi ba.

Tsohon Edita: Maganar zango na biyu tana nan ba a amsa mini ba. Ki karanta wa mutum biyu da ba su ga Turancin ba kafin ki shiga ɗakin watsa shiri, ki dawo ki faɗa mana abin da suka fahimta.