Na ba na'ura waƙar Inna, ta ce babu ƙauna a ciki

Tela, Agege: Salamu alaikum 'yan uwa. Bara yayana ya rasu. Inna ta haɗa masa 'yan baitoci da take rerawa ƙasa-ƙasa in tana tsince shinkafa. Na rubuta su, na ba wata manhajar ƙirƙirarriyar basira, na ce ta faɗa min abin da mai waƙar ke ji. Ɗan fari ne, don haka Inna ba ta ambaci sunansa ko sau ɗaya ba, sai "yaron nan". Manhajar ta ce da alama mai waƙar ba ta shaƙu da mamacin ba. Wallahi sai da idona ya kawo ruwa. Wa ya taɓa gwadawa?

Mai hoto, Mile 12: Allah ya jiƙan yaya. Ni tsohon hoton kakata na ba ta ta mayar zane. Ta goge tsagar Gobirci tas, ta ƙara mata murmushi har haƙora. Tsohuwar da ko a gaban surukai ba ta yarda a ga dariyarta! Ban iya kai wa Baba ba.

Ɗalibar kwamfuta, Akoka: Amin. Yaya, ba ji take yi ba. An horar da ita da tarin rubutun intanet, mafi yawansa Turanci, sai ta riƙa hasashen kalmar da ta fi dacewa ta biyo baya. Kunyar ɗan fari kuwa a gida ake koyonta, ba kasafai ake rubuta ta ba. Tun 2018 aka yi gwanjon zanen na'ura a Christie's, wani kamfanin gwanjo a New York, kan dala 432,500, amma kamanni ta iya haɗawa.

Dillalin shanu, Oko-Oba: Ni dai ta yi min rana. Wata takwas ban je Illela ba, kuma ban iya tsara magana. Ta ba ni baiti shida na kewar gida, na cire huɗu, na sa bishiyar darbejiyar ƙofarmu. Uwargida ta ce har yanzu tana ajiye da shi.

Tela, Agege: Na koma na yi mata bayanin kunyar ɗan fari, nan take ta gyara fassararta, kuma ta yi daidai. Sai dai ni na ɗora ta a hanya. Ku sa Inna a addu'a, jiya ma ta rera.