Ƙasar da sama ta tsage: labarinmu ne ko na aro?

Shugaban zauren karatu, Tawa: Assalamu alaikum. Ranar Asabar ƙaninmu ya karanta mana babi uku na ƙagaggen labarinsa. Ga waɗanda ba su zo ba, labarin wani kwari ne a arewacin Abalak inda sama ta tsage wuri bakwai bayan fashewar wata na'ura, kowace tsaga kuma ƙofa ce zuwa wata duniya. Makiyayin da ya kusanci ɗaya yakan dawo ya tarar shekara goma ta wuce, rijiya tana nuna fuskar wanda zai zo ɗibar ruwa gobe, inuwa kuma tana karkata wajen rana. Alƙalaminsa yana da kyau, amma ni a ganina wannan ba labarin Hausa ba ne, fim ɗin Amurka ne aka naɗa wa rawani.

Malamar lise, Tawa: Wa alaikumus salam, Yaya. Ban yarda ba. Tun kafin a kawo sinima ƙasar nan, kakanninmu suna ba da labarin Jangare, birnin iskoki, wanda masu bori ke cewa yana da sarki da gidaje da fadawa, kuma matafiyi yana iya jin caran zakaransa ba tare da ya ga ganuwarsa ba. A tatsuniya ma, yarinya takan faɗa rijiya ko ta shiga kogon kuka ta iske wani gari da kasuwarsa. Mece ce wannan in ba ƙofa tsakanin duniya biyu ba? Kalmar tsaga ce kawai sabuwa a kunnenka.

Direban hanyar Agadas: Malama ta yi gaskiya, kuma ni zan ƙara da abin da idona ya gani. Wanda ya daɗe yana bin hanyar arewa ya san kawalwalniya, wadda ke shimfiɗa tabki a gabanka da tsakar rana, ka yi ta binsa yana ja da baya. A Dabus, kan hanyar Arlit, akwai raƙuman dawa da mutanen da suka shuɗe suka sassaƙa a jikin dutse, a wurin da yau ciyawa ma sai an nema. A Gadufawa ƙasusuwan manyan dabbobin farko suna kwance a fili cikin yashi. Itacen Tenere ya tsaya shi kaɗai a tsakiyar hamada har mota ta kayar da shi a 1973, ragowarsa yanzu tana gidan tarihi na Yamai. Ƙasar da zamani biyu ke kwance ɗaya kan ɗaya haka ba ta buƙatar aron mamaki daga wani wuri.

Malamin makarantar allo: Jama'a, a yi hattara kaɗan. Batun mutum ya farka ya tarar zamani ya wuce shi yana cikin Alƙur'ani: Ashabul Kahfi sun zauna a kogonsu shekara 309, kamar yadda ya zo a Suratul Kahfi, aya ta 25. Wannan gaskiya ce da ikon Allah, ba a haɗa ta da tatsuniya. Ba na hana ɗana rubuta ƙage, matuƙar mai karatu ya san ƙage ne, kuma bai ɗora wa tsagar nan sanin gaibu ba. Rijiyar da ke nuna gobe ita ce ta tsaya mini a rai.

Shugaban zauren: Na gode, Malam. Malama, na janye rabin maganata, amma ina riƙe da rabi. A Jangare akwai mazauna, kuma tsakaninsu da mutane akwai ladabi da sharaɗi. Shi ya sa iyayenmu ke hana zubar da ruwan zafi da dare ba tare da bisimilla ba, suke hana yara yawo da almuru, suke kauce wa guguwa. Duniyar ɓoye a labaranmu maƙwabciya ce, ana saɓa mata, tana fushi, ana neman sulhu. A babi ukun nan kuwa babu kowa a bayan tsagar, babu wanda ya yi laifi, babu tsohuwar da ta san ranar da ba a bi ta kwarin. Na'ura ta fashe, shi ke nan. Wannan shi ne baƙon abin da nake nufi.

Ɗalibar kimiyya, Yamai: Kawu, ina neman afuwa, amma na'ura ma ta zama tamu, tunda yuraniyom, ma'adinin Arlit da ake sarrafa makamashin nukiliya da shi, daga ƙasarmu ake haƙo shi. Kuma karkacewar lokaci ba ƙage ba ce gaba ɗayanta. Masanin kimiyya Einstein ya nuna cewa gudu da nauyi suna canja tafiyar agogo, har ta kai ana gyara agogon taurarin ɗan Adam na GPS saboda haka. A 1935 shi da abokin aikinsa Rosen suka bayyana gada tsakanin wurare biyu na sarari, a lissafi kawai. Ina goyon bayan Kawu a abu ɗaya: tsagar tana buƙatar ƙa'ida, ko ta ladabi ko ta lissafi, domin in komai na iya faruwa, mai karatu ba zai ji tsoron komai ba.

Marubucin: Na gode, iyayena da yayyena. Zan bar na'urar, domin ina son laifin ya zama na ɗan Adam, amma zan sa mazauna a bayan tsagar, zan kuma sake duba rijiyar kamar yadda Malam ya ce. Baba direba, idan iska ta shafe sawu, me madugun ayarin gishiri yake bi?

Direban: Taurari, ɗana, da yadda iska ta jera tuddan yashi, tun daga Azbin har Bilma. Ka tambayi kanka abin da madugunka zai yi daren da ya ɗaga kai ya ga Zara a wuri biyu.