Musayar Waƙa: Dhyan Chand, Gwanin Ƙwallon Gora

Malamin wasanni:
Yau 29 ga Agusta, ranar da Indiya ta keɓe wa wasanni domin tunawa da Dhyan Chand, wanda aka haifa a Allahabad a 1905. Na buɗe da amsa-amon "ta", mai iyawa ya ɗora.

Yana ɗan sha shida ya sanya kakin soja,
Wuni ya ƙare a fareti, ba shi da wata hujja,
Sai dare ya ɗau gora, ƙwallo yana ja,
Shi kaɗai a fili, fitilarsa wata.

Chand da ake ce masa wata ne a harshensu,
'Yan bariki suka raɗa masa don sun gani da idonsu,
A gasar Olympics ta Amsterdam, 1928, ya ɗau nauyin ƙasarsu,
Ya zura 14, zinariya ta tabbata.

Ɗaliba:
Malam, ka yi dabara, amma ka bar ƙane a baya,
Da shi da Roop Singh suka je Los Angeles tafiya ɗaya,
A 1932 suka ci Amurka 24 da 1, ba jayayya,
Ƙane ya ci 10, wa ya ci 8, bai kamata a manta.

Dattijo:
'Yata, kin kyauta. Ni Olympics ta Berlin ta 1936 ce ba ta barin raina.

Jamus ta ci su 4 da 1 a wasan gwaji,
Shi ne kyaftin, abin ya yi masa ciwo kamar ƙurji,
Suka haɗu a wasan ƙarshe, ba gudu, ba zuwa daji,
Ranar 15 ga Agusta aka gane mai gwaninta.

Ruwa ya sauka jiya, ga fili duk ya jiƙe,
Aka tafi hutu Indiya na da ci ɗaya tak, Jamus ta riƙe,
Ya tuɓe takalmi mai ƙusa, ya dawo ya miƙe,
8 da 1 aka tashi, uku daga gorarsa suka fita.

Mai tsaron raga ya yi karo da shi, haƙori ya karye,
Ya je aka duba bakin, ya komo zuciya bai karaye,
Wannan nake gaya wa jikoki idan mun zauna a zagaye,
Ciwo bai hana shi ƙarasa abin da ya ƙudurta.

Saurayi:
Baba, abin da ke sosa mini rai shi ne tuta,
Zinariya uku ya kawo ƙasarsa ba ta 'yanta,
Turawan Ingila ke mulki, su ke da sarauta,
Sai 1947 Indiya ta samu kanta.

Malamin wasanni:
Ɗana, ka taɓo wuri mai zafi, kuma ka yi daidai,
Sai dai Allah ya ja kwanansa har ya gani sarai,
A 1975 ɗansa Ashok ya zura ƙwallon da ta raba rai,
Suka ci Pakistan, Kofin Duniya ya zo ƙarƙashin tutarta.

Uban yana raye a lokacin, sai a Disambar 1979 ya rasu a Delhi.