Bill Hunter: me ke sa a yi shekara sama da 50 ana neman ɗan wasa?

Mai buɗe zance: Salamu alaikum. Bill Hunter na Ostareliya ya fito a 1959 cikin taron da ba sa magana a fim ɗin On the Beach, wanda aka ɗauka a Melbon. A 2011, shekarar da ya rasu, Red Dog ya fito da shi a ciki. Yawancin fitowarsa ba shi ne jarumi ba: uba ne, ko soja, ko ɗan siyasa. Ku da kuke cikin sana'ar, me ke riƙe irin wannan ɗan wasa?

Darakta: Wa alaikumus salam. A fara da kasuwa. Kamfanin Crawford da ke Melbon ya yi shirin 'yan sanda Homicide daga 1964 zuwa 1977, kashi sama da 500, ga Division 4 da Matlock Police. 'Yan sandan ba sa canzawa, amma kowane mako sai an samo sabon ɓarawo, sabon shaida, sabon mai shago. Mutum ɗaya kan dawo sau da yawa da suna daban. Nan irinsu Hunter suka goge. Da gwamnati ta kafa hukumar tallafa wa fim a 1970, sannan ta kawo rangwamen haraji na 10BA a 1981, sai finafinai suka tarar da ƙwararru suna jira.

Mai kwantiniti (mai kula da daidaituwar komai daga ɗauka zuwa ɗauka): Haka ne, Malam, amma kasuwa kiran farko kawai take kawowa. Irin wannan ɗan wasa kwana 3 ko 4 yake yi a lokeshan, kuma ba a jere ake ɗaukar labari ba. Ana iya fara masa da mutuwarsa. Kowane sin ana fara ɗaukarsa daga nesa, sannan a matso kan fuskoki. Hannun da ya ɗaga kofi da shi, kalmar da ya ɗaga a kanta, yawan ruwan da ya rage a ciki, dole su zo iri ɗaya kowane karo. In ya saɓa, hotunan ba za su haɗu ba, sai a zauna kan fuskar jarumi a bar shi da murya. Ga alamar tef a ƙasa: ya wuce ta da taku ɗaya, hoto ya dushe, ya kalle ta, an gan shi. Wanda ya iya taka ta ba dubawa shi ake sake kira.

Mai tace fim: Hajiya ta gama magana. Ni abin da nake nema a tebur shi ne sauraro. Ku duba Manjo Barton da Hunter ya fito a Gallipoli, fim ɗin Yaƙin Duniya na Ɗaya na darakta Peter Weir, 1981. Hare-haren farko a fagen yaƙin Nek sun ƙare a kan bindigogin Turkawa, an ba shi umarnin ya sake tura yaransa, ya san mutuwa ce. Maganarsa kaɗan ce. Agogo ne, da usur, da fuskar da ba ta motsi. Masu kuskure a nan hawaye suke zubarwa tun ɗauka ta farko, sai a rasa abin da za a kai ƙarshe da shi. Wannan fitowa ta ba shi kyautar Cibiyar Fim ta Ostareliya (AFI) ta mai taimaka wa jarumi, bayan ta jarumi da ya ci da Newsfront a 1978.

Darakta: Haɗarin shi ne a ƙulle mutum a kama ɗaya. A 1994 kaɗai an gan shi a Muriel's Wedding, ɗan siyasa mai cin hanci, mai muzanta iyalinsa, sannan a Priscilla, bakanike mai gemu da taushin zuciya a cikin hamada. Jiki ɗaya, murya ɗaya, tafiya da kallo ne suka bambanta.

Mai ɗaukar sauti: Kar a manta da muryar. Shi ya yi muryar likitan haƙori a katun ɗin Finding Nemo, 2003. A ɗakin sauti tazarar baki da makirfo kamar taƙi ɗaya ce, kuma ba ta canzawa. In ya juya kai wajen takarda, kalmar ƙarshe ta faɗi, a sake layin.