Ina zan samu ainihin rubutun Colette Audry na fim ɗin Olivia?

Assalamu alaikum. Ina rubuta takarda a kan Colette Audry, marubuciyar finafinai 'yar Faransa (1906 zuwa 1990), kuma yau sati uku ke nan na cije a wuri ɗaya.

Abin da na tattara bai taka kara ya karya ba. Ita ta rubuta maganganun 'yan wasa a fim ɗin La Bataille du rail na René Clément a 1946, kuma da hannunta a rubutun Olivia na 1951, wanda ƙanwarta Jacqueline Audry ta ba da umarni. Matsalar ita ce a Olivia sunanta na tare da na Pierre Laroche, mijin Jacqueline ɗin. Ni kuwa so nake in raba aikin kowa.

Na bincika intanet da Faransanci da Turanci. Da zarar na rubuta "Colette", sai a cika ni da ɗaya Colette ɗin, mai littafin Gigi. Abin haushi, Jacqueline ce ta mayar da Gigi fim a 1949, sai sunayen suka ƙara cakuɗewa. In ma an dace an kawo Colette Audry, to maganar siyasarta ta gurguzu ce, ko kyautar adabi ta Médicis da ta ci a 1962. Batun fim layi biyu ne kawai. Na tura wa wani ɗakin adana finafinai wasiƙa, shiru kake ji.

Don Allah, a wane ɗakin adana takardu zan samu rubutun Olivia na asali, wanda zai nuna ɓangaren da Colette ta rubuta da kanta?