Neman shawara: wane littafi zan karanta kan tarihin Mongol?

Mai tambaya:
Assalamu alaikum. Ina koyar da tarihin Musulunci a wata Islamiyya, kuma zangon karatu mai zuwa za mu kai faɗuwar Bagadaza a 1258. Abin da na taso ina ji a bakin malamai shi ne Tattar, wato Mongol, annoba ce, sun rusa birane, sun kashe halifa. Kwanan baya sai wani aboki ya ara mini littafin Jack Weatherford, Genghis Khan and the Making of the Modern World, na tarar an wanke Jengis Khan tas, wai mai tsare hanyar fatake ne, mai barin kowa da addininsa. Kaina ya ɗaure, ga shi ba na son in tsaya gaban ɗalibai in faɗi abin da ban tabbatar ba. Ina jin Turanci, Larabci ma ina taɓawa da taimakon ƙamus. Kuɗina na littafi biyu ne kacal. Da wanne zan fara?

Wani dattijo, malamin zaure:
Wa alaikumus salam. Ɗana, fara da na gida. Buɗe Al-Kamil na Ibnul Asir, ka je shekara ta 617 bayan Hijira. Shi da kansa ya ce ya yi shekaru yana ja da baya, ya kasa ɗaukar alƙalami saboda girman musibar. A Mausil yake zaune, yana jin labari daga bakin waɗanda suka tsere. Sai dai ya rasu a 630, bai ga abin da ya sami Bagadaza ba. Wannan kuwa sai Al-Bidaya wan Nihaya na Ibn Kasir, shekara ta 656: shigar Hulaku, jikan Jengis Khan, da kisan Halifa Musta'asim. Idan Larabcin ya yi maka tsauri, akwai Ƙissatut Tatar na Ragib Sirjani, harshensa mai sauƙi ne, ya kuma kai labarin har Ainu Jalut, inda Ƙutuz da Baibaras, jagororin Mamalik na Masar, suka karya rundunar Mongol a Ramadan na 658 (1260 Miladiyya). Allah ya ba da fahimta.

Wata ɗalibar tarihi a jami'a:
Malam, abin da Baba ya faɗa gaskiya ne, amma in ƙara. Weatherford ba tarihi ne fanninsa ba, masanin al'adun ɗan Adam ne. Rubutunsa akwai daɗin karatu, sai dai son mutumin ya rinjaye shi. Ka nemi The Mongols na David Morgan, wanda ya fara fitowa a 1986. Ba shi da kauri, kuma tun farko yake zaunar da kai ya nuna maka su wa suka rubuta wannan tarihin.

Nan ne gizo ke saƙar. Duk littafin da ka ɗauka, ka fara tambayar tuwon wa marubucin yake ci. Ɗauki Juwaini, mai Tarikh-i Jahangushay. Musulmi ne, ma'aikacin Hulaku, har aka ba shi riƙon Bagadaza bayan an ci ta. Ya ba da labarin ɓarnar Bukhara da Marwa da Naisabur, kana karantawa kana jin zafin da ke ransa, amma yana yi yana yabon iyayen gidansa. Wanda ya ci ladan kuturu ai dole ya yi masa aski. Littafin ma ya tsaya ne a rushewar Alamut, sansanin Isma'iliyya a Iran, bai kai ga Bagadaza ba. Rashiduddin mai Jami'ut Tawarikh shi ma waziri ne a fadar Gazan Khan, sarkin Mongol na Iran. A ɗaya ɓangaren, Ibn Kasir a Dimashƙa ya rayu, ƙarƙashin Mamalik abokan gabar Mongol, kuma an haife shi fiye da shekara 40 bayan faruwar abin. Ya kawo ruwayoyin adadin mamata daga 800,000 har miliyan 2, alhali Hulaku, a wasiƙarsa ga sarkin Faransa a 1262, sama da 200,000 ya ambata. Ka nuna wa ɗalibanka duka, ka gaya musu wa ya faɗi wanne.

Littafi na biyu, The Mongols and the Islamic World na Peter Jackson, 2017. Yana da nauyi, amma ainihin tambayarka yake amsawa.

Mai tambaya:
Na gode ƙwarai, Malama. To maganar barin kowa da addininsa fa, ƙarya ce?

Ɗalibar tarihi:
Rabin gaskiya ce. Sun ɗauke wa malaman addinai haraji don su riƙa yi musu addu'a. Amma Cagatai, ɗan Jengis Khan, ya tsananta wa Musulmi kan yanka irin namu, Kublai, jikansa, shi ma ya hana shi a Sin a 1280.

Wani ɗan'uwa:
Ni abin da nake tsoro, Yaya, kada garin neman adalci a raina jinin da aka zubar. Haka ne, gwamnan Otrar, wani birni na daular Khawarizm, ne ya ja fitinar a 1218 da ya kashe ayarin fataken Jengis Khan, Sultan Muhammad na Khawarizm kuma ya ƙi miƙa shi. Amma wane laifi masaƙin Naisabur ya yi? Karanta The Secret History of the Mongols, littafin da su suka rubuta da kansu. A ciki za ka ga Temujin, wato Jengis Khan, tun yana yaro, shi da ƙanensa sun harbe Bekter, ɗan ubansu, da kibiya a kan tsuntsu da kifin da ya ƙwace musu, uwarsu Ho'elun ta yi musu faɗa mai zafi. Su ba su ɓoye halinsa ba, bai kamata mu mu ɓoye ba.

Wata malama:
Don Allah Malam kada darasin ya ƙare a 1260. Berke, jikan Jengis Khan, ya musulunta, har ya yaƙi Hulaku. Gazan ya musulunta a 1295. Uku daga cikin dauloli huɗun da suka gaji Jengis Khan a ƙarshe Musulunci suka koma. A Maraga kuma, da kuɗin Hulaku, Nasiruddin Ɗusi ya fara gina gidan nazarin taurari a 1259. Abin da zai fi jan hankalin yara: Ibn Baɗuɗa da ya baƙunci sansanin Uzbek Khan, wani sarkin Mongol Musulmi, shi ne dai ya zo Mali daga baya, ya biyo ta Takedda a ƙasar Nijar ta yau a 1353. Karanta musu wannan sashen na tafiyarsa.

Wani mai sayar da littattafai:
Malam, Al-Bidaya da Al-Kamil kada ka saya, juzu'ansu da yawa, kai kuwa babi ɗaya kake so a kowanne. Da wuya ka rasa babban malami a unguwarku da ba shi da su, je ka ara. Sa kuɗinka a Morgan tukuna. Na Jackson yana da tsada, ka fara leƙa ɗakin karatu na jami'ar da ke kusa da kai kafin ka ba da saƙon a kawo maka.