Waɗanda manhajar bashi ta tona wa asiri a gaban dangi

Wani malamin firamare daga Kano:
Assalamu alaikum, 'yan'uwa. A shekarar 2022 na ci bashin naira dubu goma sha biyar a wata manhajar waya domin sayen maganin mahaifiyata, kuma da ta nemi izinin shiga lambobin wayata da hotunana, sai na danna amincewa ba tare da na karanta ba. Kwana biyu bayan cikar wa'adi, surukina da limamin unguwarmu suka samu saƙo ɗauke da hotona, wai ni ɓarawo ne da ake nema. Na yi mako uku ina sallah a gida saboda kunya. Abin da ya fi cin raina shi ne, mutanen nan amana suka ba ni lambobinsu, ni kuma da hannuna na miƙa su.

Wata tela daga Zariya:
Malam, Allah ya ba ka haƙuri. Ni ban ci bashi ba, ƙanwata ce ta ci, amma ni aka riƙa kira safe da yamma ana cewa na tsaya mata, alhali ba wanda ya taɓa tambayata. Na yi mata faɗa mai zafi, ta kashe wayarta, ta daina zuwa biki da suna har wata biyu. Har yau ina nadamar faɗan, domin a lokacin da ta fi bukatar 'yar'uwa ne na juya mata baya.

Wani mai gyaran waya daga Kaduna:
Hajiya, irin wannan kuka ya sha zuwa shagona. Hukumar FCCPC, mai kare haƙƙin masu saye ta gwamnatin tarayya, ta kai samame ofisoshin wasu kamfanonin bashin waya a Legas a watan Maris na 2022, Google kuma ya hana manhajojin bashi taɓa lambobi da hotuna daga ƙarshen Mayun 2023, sannan aka sa hannu a dokar kare bayanan jama'a a watan Yuni. Sai dai goge manhaja ba ya dawo da abin da ta riga ta kwashe, kuma wasu ta hanyar saƙo ake turo su, ba ta Play Store ba.

Malamin ya amsa:
Na gode, ɗan'uwa. Na biya bashin tuni, kuma liman da kansa ya zo gida ya ja hannuna zuwa masallaci. Amma har yanzu idan baƙuwar lamba ta kira ni, gabana sai ya faɗi.